Kiɗan Coci da Kiɗan Fada a Zamanin Haydn da Mozart: Rahoton Ci Gaban Aiki

8 ga Janairu

Aikin da muka sa a gaba kundin sauraro ne da Hausa, darasi 12, a kan kiɗan Biyena da Salzburg da kewayensu daga wajen 1750 zuwa 1825, zamanin Haydn da Mozart da Beethoven. Kowane darasi zai zo da bayani a rubuce da gutsuren kiɗa huɗu zuwa shida, kowane gutsure tsakanin daƙiƙa 30 da 90. Kiɗan kansa ya daɗe da zama na kowa, tsofaffin bugun takardunsa kuma suna nan a IMSLP, rumbun takardun kiɗa na intanet. Faya-fayan da ƙungiyoyin makaɗa suka naɗa kuwa da masu su, ba za mu taɓa su ba. Don haka kowane misali da hannu za a shigar da shi cikin MuseScore, manhajar rubuta kiɗa, a fitar da sautinsa, a daidaita a Audacity, manhajar gyaran sauti.

Mun raba kayan gida biyu, darasi shida-shida. Ɓangaren ibada ya ɗauki Mas, wato babbar ibadar cocin Katolika, da waƙoƙin addu'ar yamma da na jana'iza. Ɓangaren duniya ya ɗauki simfoni da kiɗan goge huɗu da opera da kiɗan rawa. An buɗe jadawali mai layi ɗaya ga kowane aiki: sunansa, shekara, gari, ginin da aka fara yin sa, wanda ya biya, harshen waƙar, da kayan kiɗan da aka rubuta wa. Layi 40 ake son cikewa.

15 ga Janairu

Makon nan ya tafi a kan kalmomi. Abin da aka tsaya a kai: layukan tsaye da ke raba rubutun kiɗa suna yanka shi ɗaki-ɗaki, saboda haka "ɗaki na 12" za mu riƙa cewa. Alamar da ke farkon layi, mai nuna sunan kowane sauti, makulli ce. Sautin da kiɗa ke tashi daga gare shi ya koma masa shi ne gida, kuma gida iri biyu ne, babba da ƙarami, kamar yadda Italiyawa ke kiransu: C babba, D ƙarami. Dangin goge su ne bayolin, biyola, celo da babban goge. Na busa akwai sarewa, obo ɗan'uwan algaita, basun, ƙaho, tirampet da tirombon. Muryoyi huɗu kuma sunayen da 'yan kwaya suka saba: sofirano, alto, teno, bas.

An yi ja-in-ja a kan ko a kira tirampet kakaki. Ba mu yarda ba, domin siffa da busa sun bambanta. Amma kakaki zai shigo cikin bayani, don matsayin ɗaya ne. A daular Habsburg tirampet da timfani, manyan ganguna masu kama da tukunya, kayan sarauta ne, kamar kakaki da tambari a ƙofar fada, ba kowa ake busa wa ba. Wanda ya riƙe wannan zai gane abin da shigarsu coci ke nufi, da dalilin da ya sa aka sha yunƙurin fitar da su.

24 ga Janairu

An fara shigar da misalin farko, Mas ta C babba da Mozart ya kammala ran 23 ga Maris 1779, mai lamba K. 317 a jerin ayyukansa.

Mas da ake rerawa tana da sassa da kalmominsu ba sa canzawa: Kyrie, roƙon jinƙai, Gloria, ɗaukaka, Credo, shaidar bangaskiya, Sanctus da Benedictus, sai Agnus Dei. Duk da Latin ne in ban da Kyrie da ke da Girkanci. Kyrie jimla uku ce kacal, Gloria da Credo kuwa dogaye ne, kuma a nan wahalar mai tsara kiɗa take. Salzburg a lokacin ƙasa ce mai cin gashin kanta, babban bishop shi ne sarki. Hieronymus Colloredo ya hau a 1772, mutum ne mai son a taƙaita ibada. Wasiƙar da Mozart ya aika wa Padre Martini a Bologna a 1776 ta faɗi iyakar: dukan Mas, har da kiɗan tsakiya, kada ta wuce minti 45, ko da babban bishop ne da kansa ke jagoranta, kuma duk da haka dole a sa tirampet da timfani. K. 317 tana cin wajen minti 25. Wasu sun bi hanyar da ta fi wannan gajarta. A ƙaramar Mas ta ogan da Joseph Haydn ya rubuta wa 'yan'uwan da ke jinyar marasa lafiya a Eisenstadt, muryoyi huɗu suna rera jimloli huɗu dabam-dabam a lokaci guda, Gloria ta ƙare cikin ɗaki 31. An faɗi kowace kalma, amma kunne ba ya kama ko ɗaya.

Kayan K. 317: obo 2, ƙaho 2, tirampet 2, timfani, tirombon 3, bayolin kashi biyu, bas da ogan. Babu biyola. Al'adar cocin Salzburg ke nan, kuma tirombon ukun nan bin alto da teno da bas suke yi sauti da sauti, don su riƙe mawaƙa.

Kurakurai biyu aka samu. Na farko, samfurin okestira da ke cikin manhajar yana zuwa da layin biyola, sai an goge shi tun da wuri, in ba haka ba hannu zai cike shi. Na biyu ya fi ɓarna. Tsofaffin bugu suna rubuta sofirano da makullin C a layin ƙasa, teno da makullin C a layi na huɗu. Wanda ya karanta na sofirano kamar makullin G na yau zai ɗaga kowane sauti hawa biyu, C ta koma E, kuma waƙar za ta ci gaba da yin kama da waƙa, shi ya sa ba a saurin ganewa. Ɗaki 21 aka sake. Ka'ida daga yau: a shigar da makullin asali yadda yake a takarda, sai an gama a sauya zuwa na zamani, domin manhajar tana riƙe sautin idan aka canza makulli. Bayan kowane shafi a saurari sofirano da bas su kaɗai. In akwai kuskure a nan zai fito.

Lambobin da ke ƙarƙashin layin bas, su 6 da 7 da 6 bisa 4, umarni ne ga mai ogan a kan abin da hannun damansa zai cika. MuseScore yana nuna su amma ba ya buga su. Sai an rubuta hannun daman a wani layi dabam, sauti uku-uku, a ƙasa da muryar sofirano.

2 ga Fabrairu

Rabon gida biyu ya fara tsagewa, kuma daga cikin K. 317 ɗin tsagewar ta fito.

Agnus Dei nata waƙar sofirano ɗaya ce a F babba, bugu uku a ɗaki. Shekara bakwai bayan haka, a operar Figaro ta 1786, matar mai gida tana tsaye ita kaɗai tana tambayar ina kwanakin daɗin aurenta suka tafi. Waƙarta a C babba take, bugu biyu a ɗaki. Mun mayar da su gida ɗaya, muka cire rakiya, muka jera jimlar farko ta kowacce. Layin waƙa ɗaya ne, tafiyar bugu ce ta bambanta. A wuri ɗaya ana roƙon gafarar zunubi, a ɗayan ana kukan miji mai yawon ido. Mozart bai ga aibu a ciki ba, kuma a ganinmu gaskiyarsa ce: muryar mai roƙo ba ta canzawa don wanda ake roƙa ya canza.

Misali na biyu ya fi wannan fitowa fili. Exsultate, jubilate waƙar coci ce da Latin, an fara rera ta a Milan a Janairun 1773. Wanda aka rubuta wa shi ne Venanzio Rauzzini, mawaƙin da aka dandaƙe tun yana yaro don muryarsa ta zauna sama, kuma shi ne jarumin operar Mozart, Lucio Silla, da ake yi a garin a makonnin nan. Gudun murya da tsalle-tsallenta na dandalin opera ne tsaf.

Hukumomin coci sun san da wannan, ba su kuma ji daɗinsa ba. A 1749 Fafaroma Benedict na 14 ya fitar da wasiƙar da ake kira Annus qui. Ya yarda da ogan da dangin goge da basun, da sharaɗin su tallafi kalmomi. Ya ce a fitar da timfani da ƙaho da tirampet da obo da sarewa, domin suna kawo ƙamshin gidan wasa. A duba jerin kayan K. 317 na makon jiya: shekara 30 bayan wasiƙar, a cocin babban bishop, huɗu daga cikin biyar ɗin nan suna ciki. Darasi na 2 za a gina shi a kan wannan tazara tsakanin abin da aka rubuta a Rum da abin da ake bugawa a arewacin tsaunukan Alps.

9 ga Fabrairu

Gyaran sauti. Manhajar tana ɗaure sautin A a kan girgiza 440 a daƙiƙa. Ƙungiyoyin da ke amfani da kayan kiɗa irin na da sukan ɗauki 430 ga wannan zamani, kuma mun zaɓi mu bi su. A Audacity ragin kashi 2.3 ne cikin ɗari, wato wajen kashi 40 cikin ɗari na rabin hawa. A yi shi da umarnin canza tsayin sauti, ba na canza gudu ba, don na gudu yana ja wa kiɗan tsawo. Za a faɗa wa mai sauraro cewa 430 yarjejeniyar yau ce. A wancan lokaci kowane gari da tsayinsa, wani lokaci ogan na coci da makaɗan fada ma ba su daidaita ba.

Ƙaho ma ya ba da aiki. Na lokacin ba shi da maɓallai, ana sauya masa gida ne da ƙarin bututu, kuma kullum ana rubuta masa kamar a C yake. Ƙaho na F yana fita hawa huɗu ƙasa da rubutu, C ta fito F. Na C kuwa iri biyu ne, na sama mai fita daidai da rubutu, da na ƙasa mai sauka zango guda cur, daga C zuwa C ta ƙasa. A simfoni ta 48 ta Haydn na sama ake nufi. Da aka sa na ƙasa, buɗewar da ya kamata ta tsaga kunne sai ta dushe. An gyara.

20 ga Fabrairu

Da aka jera jadawalin bisa shekara, wani rami ya bayyana. Haydn ya rubuta Mas a 1782, bai sake ba sai 1796. Mozart ma, daga 1783 zuwa shekararsa ta ƙarshe, 1791, bai kammala wani babban aikin coci ba. Ruwa ba ya tsami banza.

Sarkin daula Joseph na Biyu ya fara rufe gidajen sufaye masu yawa daga 1782. A 1783 ya kafa sabon tsarin ibada da ya ƙayyade ranaku da wuraren da za a yi Mas da cikakken kiɗa, ya kuma rushe ƙungiyoyin zumuntar addini waɗanda su ne ke ɗaukar makaɗa a bukukuwansu. Makaɗan Biyena da yawa sun rasa abinci. A Salzburg ma Colloredo ya sa aka daina gajeren kiɗan kayan da ake sakawa bayan karatun wasiƙun manzanni, irin wanda Mozart ya rubuta guda 17, aka umarci Michael Haydn, ƙanen Joseph, ya rubuta waƙoƙin kwaya a madadinsu. Amma kada a ɗora wa doka duka nauyin. Ramin Haydn yana da dalili na biyu: maigidansa Yarima Nikolaus Esterházy na ɗaya hankalinsa yana kan opera, akwai shekarun da aka yi wasa sama da ɗari a fadarsa, Haydn ne kuma ke jagoranta. Darasin zai kawo dalilan biyu.

A bakin wannan rami ne babbar Mas ta C ƙarami, K. 427, take tsaye. Ba wanda ya ba Mozart kwangilarta, alkawari ne ya ɗauka wa kansa lokacin aurensa da Constanze. A lokacin yana zuwa gidan Gottfried van Swieten duk Lahadi inda ake buga Bach da Handel, kuma ana jin wannan a Qui tollis, wani yanki na Gloria, inda kwaya ta rabu biyu, murya takwas. An yi abin da ya samu daga cikinta a cocin sufayen Peter Mai Tsarki a Salzburg ran 26 ga Oktoba 1783, Constanze tana cikin masu rera sofirano. Credo ta tsaya a rabi, Agnus Dei babu. Ko a haka ta kusa awa guda, ta fi ƙarfin iyakar Colloredo.

A Maris na 1785 sai ga kiɗan ya fito a Burgtheater, gidan wasan fada na Biyena, da wani suna, Davide penitente. Ƙungiyar da Florian Gassmann ya kafa a 1771 don tallafa wa matan makaɗa da suka mutu da marayunsu ita ta nemi aiki, tana shirya wasanninta a lokacin azumin Kirista da makonnin jiran Kirsimeti, sa'ad da opera ke hutawa. Mozart ya ɗauko Kyrie da Gloria, aka ɗora musu baitocin Italiyanci da aka ciro daga zaburar Dauda, ya ƙara sababbin waƙoƙi biyu, ɗaya ga teno ɗaya ga sofirano. Jigon na addini ne, ɗakin na wasa ne, shiga kuma da tikiti. Ba ya zama a ko ɗaya daga gidajenmu biyu. An buɗe gida na uku: kiɗan addini a wajen coci. Oratoriyon Halitta na Haydn, labarin addini da ake rerawa ba tare da wasan kwaikwayo ba, da aka fara a fadar Schwarzenberg a 1798 aka kai Burgtheater a 1799, nan shi ma zai zauna.

Matsalar aiki: fayil ɗaya ya isa duka biyun, a sa Latin a layin baiti na farko, Italiyanci a na biyu, a raba ko a haɗa sauti inda yawan gaɓoɓi ya saɓa. Amma kwamfuta ba ta furta kalma, "aa" kawai take yi. Da aka fitar da misalan biyu, kunne bai raba su ba. Abin da ya bambanta su, wato kalmomi, shi ne ainihin abin da manhajar ke sharewa. Wannan misali sai da muryar mutum. Za a naɗi sofirano ɗaya sau biyu a kan rakiya ɗaya, ɗaki 16 kowanne.

27 ga Fabrairu

Hanyar ba ta gefe ɗaya ba ce. Wata waƙar kwaya mai kama da hadari da Haydn ya ƙara wa oratoriyon Tobiya a 1784 daga baya ta sami kalmomin Latin, ta shiga coci da sunan Insanae et vanae curae. Simfonin Haydn ma tana ɗauko na coci: ta 30, ta 1765, an gina sashenta na farko a kan tsohuwar Halleluya ta Ista, ta 26 kuma tana ɗauke da karin da ake rera labarin shan wahalar Yesu a mako mai tsarki. Mutanen lokacin sun san karin nan tun suna yara, da sun ji za su gane. Mai sauraronmu bai san shi ba, kuma a simfoni ta 26 karin yana tsakiya, bayolin na farko na gudu a kansa. Saboda haka misalin zai zo hawa uku: karin shi kaɗai, sai kiɗan da aka ɗaga layin karin da desibel 6, sai kiɗan yadda yake.

Layi 27 cikin 40 sun cika.

10 ga Maris

Mako biyu a kan Mas ta D ƙarami ta Haydn, kuma ta cancanci lokacin.

Joseph na Biyu ya rasu a 1790, takunkumi ya sassauta. Yarima Nikolaus na biyu, wanda ya gaji gidan Esterházy a 1794, abu ɗaya ya fi nema wurin Haydn: sabuwar Mas don bikin ranar sunan matarsa Maria Hermenegild, a watan Satumba. Shida aka samu tsakanin 1796 da 1802. Mutumin da ya rubuta su ya riga ya je Landan sau biyu, ya rubuta simfoni 12 domin can, ya kuma ji waƙoƙin Handel da ɗaruruwan mawaƙa a Westminster a 1791. Hannun simfoni ne ya dawo da shi coci. Dogayen waƙoƙin mutum ɗaya sun ja baya, mawaƙa huɗu na gaba suna shiga suna fita cikin kwaya, kowane sashe kuma yana da tashi da yawo da komowa gida irin na simfoni.

Ta D ƙarami an rubuta ta daga 10 ga Yuli zuwa 31 ga Agusta 1798. Yarima ya sallami masu busa na katako da ƙaho, saboda haka abin da ke hannun Haydn shi ne dangin goge, tirampet 3, timfani da ogan. Inda obo da sarewa za su yi magana, ya rubuta wa hannun daman mai ogan, shi ya sa wannan karon ba lambobi kaɗai ke layin ogan ba.

A nan aka yi kuskure mai tsada. Bugun da aka fara ɗauka daga zuriyar na Breitkopf na 1803 yake, wanda ke da layukan sarewa da obo da basun da ba daga hannun Haydn suka fito ba. An shigar da ɗaki 40 na Kyrie kafin a lura. Da su kiɗan yana laushi, ya zama kamar kowace Mas. Da aka cire su sai ƙashin ya fito. Ba mu jefar da aikin ba, zai zama misalin kwatanci. Amma daga yau kafin a shigar da sauti ko ɗaya sai an gwada jerin kayan bugun da layin jadawali.

Abin da ya fi muhimmanci a darasin shi ne tirampet. Na lokacin ba shi da maɓallai. Wanda aka ɗaure a D, a ƙasa da tsakiyarsa sautukan da yake da su D ne da A da F mai ɗagawa, wato wadda aka ɗaga rabin hawa. D ƙarami kuwa F marar ɗagawa yake bukata, wanda tirampet ɗin ba shi da shi a wurin. Sai Haydn ya tsayar da su a kan D, ƙasa-ƙasa, suna maimaita ta tare da timfani kamar ana buga ƙofa. Firgicin buɗewar Kyrie daga wannan ƙarancin ya fito. A ƙarshen Benedictus, sashen da aka saba yi da taushi, kiɗan ya faɗa B mai saukarwa, tirampet suna nan a kan D suna sara uku-uku. A manhaja a tuna rubutunsu a C yake, sautin yana fita hawa ɗaya sama. In an manta, C za a ji tana karo da D.

Sunan da Haydn ya ba ta Missa in angustiis, Mas ta lokacin ƙunci. Sunan Mas ta Nelson daga baya ya manne, daga sunan shugaban jiragen yaƙin Ingila da ya ci Faransawa a Abu Kir. An yi yaƙin Abu Kir a gaɓar Masar a farkon Agustan 1798, labarin bai iso Biyena ba sai bayan makonni, Nelson kuma ya ziyarci Eisenstadt a 1800. Ba za mu gaya wa kowa cewa tirampet ɗin Benedictus hoton wannan yaƙi ne ba. Inda Haydn ya nufi yaƙi ya faɗa da bakinsa: Mas ta 1796 sunanta "a lokacin yaƙi", timfani kuma yana rugugi a ƙarƙashin Agnus Dei sa'ad da sojojin Faransa ke matsowa ta Italiya.

Akwai iyakar da mutanen lokacin suka ji an ƙetare. A Mas ta 1801, daidai kalmomin ɗauke zunuban duniya, Haydn ya sako karin farin ciki na Adamu da Hauwa'u daga oratoriyon Halitta. Sarauniya Marie Therese ta sa ya canza wurin a kwafinta. Za a shigar da ɗakunan nan ma.

17 ga Maris

An gwada misalai 22 a lasifikar waya, domin a nan yawancin mutane za su ji su. Timfani na D da A suna wajen 147 da 110 a ma'aunin girgizar sauti, babban goge yana ƙasa da haka, ƙaramar lasifika kuwa ba ta kai can. Buɗewar Kyrie ta rasa rabin nauyinta. Ƙara ƙarfin ƙasa ba ya magani, kakkarwa kawai yake jawowa. Abin da ya yi aiki shi ne zaɓar sautin timfani na sanda mai tauri, wanda ya fi kusa da na zamanin ma, da ɗaga celo kaɗan don ya ɗauki layin bas. Za a kuma rubuta a kan kowane darasi cewa a sa abin kunne. Fayiloli MP3 ne a 128, wajen megabait ɗaya a minti.

An kuma yi gwajin amsa-kuwwa, daƙiƙa ɗaya da rabi a madadin ɗakin fada, daƙiƙa huɗu a madadin babban coci. A na huɗun, gudun bayolin na Credo ta K. 317 ya narke ya zama hazo, abin da ya rage a tsaye shi ne muryoyi da tirombon da ke bin su. Wannan ya bayyana aikin tirombon ukun fiye da kowane bayani, zai shiga darasi na 1.

29 ga Maris

Beethoven ya ƙarasa rushe tsarin farko. Mas ɗinsa ta C babba an yi ta a Eisenstadt a Satumban 1807 don wannan biki na Yarima, Yarima kuma bai so ta ba. Ran 22 ga Disamba 1808, a dogon wasan da aka fara jin simfoni ta 5 da ta 6, an rera Gloria da Sanctus nata a gidan wasa, amma a sanarwa aka kira su waƙoƙin yabo, saboda doka ba ta yarda a kai Mas dandali ba. Missa solemnis an nufe ta da naɗin ɗalibinsa Yarima Rudolph a matsayin babban bishop na Olomouc a Maris na 1820. Ba ta kammala ba sai 1823, tana cin wajen minti 80, kuma an fara yin ta ne a Saint Petersburg ta Rasha a 1824, a zauren wasa. A Biyena, ran 7 ga Mayu 1824, Kyrie da Credo da Agnus Dei sun fito tare da simfoni ta 9, su ma da sunan manyan waƙoƙin yabo uku. Abin da mai tace wasanni ya duba shi ne suna a takardar sanarwa.

An sake tsarin darussa. Maimakon ibada da duniya, za a bi wurare: babban cocin Salzburg, fadar Esterházy, Burgtheater, ɗakin van Swieten, zaurukan Landan, da ƙaramin cocin Baden inda Mozart ya rubuta Ave verum corpus mai ɗaki 46 a Yunin 1791. A kowane wuri tambayoyi uku: wa ke biya, wace doka ke aiki, su wa ke riƙe da kayan kiɗa. Darasi na 1 da na 2 ba su bukatar gyara sosai, na 3 zuwa na 6 sai an sake rubutu.

Layi 34 sun cika. Biyu daga sauran suna da wuya. Kalmomi Bakwai na Ƙarshe na Haydn an rubuta su ne don ibadar Jumma'a Mai Tsarki a Cádiz ta Sifaniya: mai wa'azi ya faɗi kalma ɗaya daga maganganun Yesu a kan gicciye ya yi bayani, okestira ta amsa da kiɗa mai tafiyar hawainiya, ba murya ko ɗaya. A 1787 aka buga shi na goge huɗu don gidaje, a 1796 ya sami kwaya. Layi uku zai ci, ba ɗaya ba. Na biyu shi ne Mas ta jana'iza ta Mozart, wadda Süssmayr ya ƙarasa bayan rasuwarsa ran 5 ga Disamba 1791. A sashenta mai suna Lacrimosa hannun Mozart ya tsaya a ɗaki na 8. Za a shigar da ɗakuna takwas ɗin da baƙi, abin da ya biyo da ja, a fitar da misali biyu: ɗaya mai tsayawa inda ya tsaya, ɗaya mai wucewa. Naɗin muryar sofirano na K. 427 an sa shi mako mai zuwa, kuma sai an sauke rakiyar zuwa 430 kafin a naɗa, ba bayan an naɗa ba.